A Shiga Cikin Gida a Ɗauki Waƙoƙin Mata Tun Masu Su Suna Raye

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri gare ka da abokan aikinka, ina roƙon ka ba ni ɗan fili a wannan jarida tamu mai farin jini domin in yi magana da malaman jami'o'inmu da ɗalibansu masu nazarin al'adun al'umma, musamman na Gusau da Birnin Kebbi da Sakkwato, a kan waƙoƙin da mata suke yi a cikin gida, waɗanda suke salwanta muna ji muna gani. Ni malamar makaranta ce mai ritaya. An haife ni a wani ƙauye na ƙasar Maradun, na koyar a Zuru da Argungu tun muna jiha ɗaya, kafin a yanke Kebbi daga Sakkwato a 1991 a kuma yanke Zamfara a 1996, yanzu kuma ina zaune a Gusau. Ban yi digiri a wannan fanni ba, saboda haka maganata ta wadda ta gani da idonta ce, ta kuma ɗan leƙa littattafan masana gwargwadon abin da ya zo hannunta.

In dai ana batun kiɗa da waƙa, wannan yanki namu ba ya sunkuyar da kai a gaban kowa. Musa Ɗanƙwairo, wanda ya rasu a 1991, namu ne na Maradun. Sa'idu Faru namu ne. Kassu Zurmi namu ne. Narambaɗa maƙwabcinmu ne na ƙasar Isa. Aliyu Ɗandawo da ɗansa Sani sun yi zamaninsu a Yawuri. Har Gambu na Fagada, wanda ya ɗauki fannin da ba kowa ne zai yarda ya ɗauka ba, wato waƙar ɓarayi, an san shi an kuma yi nazarinsa. Waɗannan mutane an san sunayensu da asalinsu, an san abin da kowannensu yake kaɗawa, kotso ne ko taushi ko kalangu, an san iyayen gidansu, gidajen rediyo sun ajiye muryoyinsu, kuma malamai irin su Farfesa Sa'idu Muhammad Gusau da Farfesa Aliyu Muhammad Bunza sun ƙarar da shekaru masu yawa wajen tattara tarihin makaɗa da feɗe waƙoƙinsu. Allah ya saka musu da alheri. To amma a tare duk wanda aka ga dama a kasuwar Gusau ko ta Jega, a ce ya ambaci mawaƙa mata uku na Zamfara ko Kebbi. Mafi yawa za su ce Barmani Choge, ita kuwa 'yar Funtuwa ce, Allah ya ji ƙanta. In an matsa musu su ƙara da Uwaliya Mai Amada ta Kano, daga nan sai a fara sosa ƙeya.

Baƙo zai ɗauka matanmu ba sa waƙa ne, alhali a gidan da na tashi ba a daka a shiru. Da hantsi in an fito da gero, mata uku sukan kewaye turmi ɗaya su yi lugude, wannan ta sauke taɓarya waccan ta ɗaga, ba a karo, gwanar cikinsu kuma takan cilla tata sama ta tafa ta cafe, kiɗan bai karye ba. Gwaggona, ƙanwar mahaifina, ita ce mai ba da waƙa, sauran su amsa. Ina yarinya na ɗauka duk don a rage gajiya ake yi, sai da na girma na gane bakin turmin nan majalisa ce. Akwai shekarar da wani baffana ya yi amarya, ya sayo mata atamfa turmi biyu, ya bar uwargida da tsohon zanenta. Uwargidan ba ta da bakin magana, domin ko tari ta yi za a ce kishi ne. Washegari Gwaggo ta ɗauki taɓarya ta ƙago waƙa nan take a kan wani gida da aka raba turame, wata ta sami na ɗaurawa, wata ta sami na dakawa. Ba ta ambaci sunan kowa ba. Baffa yana zaure, zana ɗaya ce tsakaninsa da su, ya ji amshin ya fi a ƙirga. Ranar Talata da ya dawo daga kasuwar Mafara, da turmin atamfa a ƙarƙashin hammatarsa ya shigo, bai ce komai ba, ba wanda kuma ya ce masa komai.

Ina ganin duk mai son ya san yadda iko yake tafiya tsakanin miji da mata a gidan Bahaushe, nan ne ya kamata ya zauna. Macen da kunya ta hana ta faɗin sunan mijinta da na ɗanta na fari tana da hanyar da za ta kai ƙara a yi mata hukunci, ba tare da ta je gaban alƙali ko ta yi yaji ba. Ba kuma daka kaɗai ba. Waƙar niƙa daban take, domin mace ita kaɗai take durƙusa a gaban dutse, sau da yawa da asuba kafin gida ya tashi, shi ya sa a nan ake jin abin da ba a faɗa a taro: begen gida ga wadda aka kai aure nesa, da rashin haihuwa, da mutuwar yara a shekarar baƙon dauro, da mijin da ya tafi ci-rani Kurmi aka daina jin ɗuriyarsa. Na sha yin lamo a kan tabarma kamar ina barci, ina jin mahaifiyata tana niƙa tana kiran sunan garinsu. Akwai kuma waƙar raino, da ta daɓe in an taru za a gyara ɗakin amarya, da shantu da 'yan mata suke bugawa lokacin lalle, da gaɗa a dandali in akwai farin wata, da kiɗan ƙwarya a biki da suna.

Dalilin da ya sa wannan duka bai shiga takarda yadda na maza ya shiga ba a bayyane yake: mai bincike namiji ne, namiji kuwa iyakarsa zaure. Turawan da suka fara rubuta al'adun wannan yanki sun rubuta abin da ƙafarsu ta kai ne. P. G. Harris, jami'in mulkin mallaka, ya yi rubutu a kan Yawuri a 1930, da Dakarkari a 1938, da masuntan Kabi a 1942. Kurt Krieger, Bajamushe, ya tattara tarihin sarakunan Zamfara ya buga da Jamusanci a 1959. David Ames da Anthony King sun fitar da ƙamus na kalmomin kiɗan Hausa a 1971, aikin da ya fi jingina a kan Zariya da Katsina. Ban raina ko ɗaya daga cikin waɗannan ba, domin da ba su rubuta ba da mun yi asarar abubuwa da yawa. Amma wanda ya sauka a fada, sarki ya haɗa shi da dogari da tafinta, abin da fada take so a gani shi zai gani. Littafin da ya karya wannan ƙa'ida shi ne na Baba ta Karo, wanda ya fito da Turanci a 1954, kuma abin da ya sa ya yiwu shi ne mai rubutun mace ce. Mary Smith ta biyo mijinta M. G. Smith da ya zo bincike ƙasar Zazzau, ta zauna da wannan tsohuwa tsakanin 1949 da 1950 tana rubuta abin da take faɗa. Har yau wanda yake son labarin aure da kishi da ƙawance da riƙon 'ya'ya daga bakin Bahaushiyar wancan zamani, ga Baba yake komawa. Daga baya Beverly Mack ta fitar da littafi a kan waƙoƙin matan Hausa a 2004, amma Kano ta fi zama. Zamfara da Kabi kuwa ba Kano ba ne, ba Zazzau ba ne, ko a harshe ko a tarihi. Zamfara, ƙasar da jerin sarakunanta na dā ya ƙunshi mace, wato 'Yargoje, ta cancanci a ji matanta da bakinsu.

Yanzu uzurin zaure ya ƙare, tunda jami'o'in tarayya na Gusau da Birnin Kebbi suna nan tun 2013, ga ta Usmanu Ɗanfodiyo da ta daɗe, kuma a sassan Hausa 'yan mata suna da yawa. Na kuma san ana rubuta kundaye a kan waƙoƙin mata, domin na riƙe wasu da hannuna. Damuwata yadda ake aikin ne. Shekarun baya wata ɗalibata ta dā, tana shekarar ƙarshe a wata jami'a, ta nemi in raka ta ƙauyenmu don kundinta a kan waƙoƙin daka. Ta zo da takardar tambayoyi da aka buga da na'ura, mai gurbin eh ko a'a. Bisa al'ada muka fara gaida mai gari, nan kuwa rabin yinin ya tafi, domin shi da fadawansa suka shiga amsa tambayoyin da aka shirya don mata, suna bayyana mana ma'anar waƙoƙin da ba su taɓa rerawa ba. Da muka shiga ciki la'asar ta yi, an gama daka tun tuni, tsofaffin suna zaune a kan tabarma, aka miƙa musu waya aka ce su yi waƙa. Suka yi ta dariya suna rufe fuska da gefen mayafi, daga bisani suka ɗan rera biyu ko uku na yara don kada a ce sun ƙi baƙuwa. Muka kama hanya kafin magariba.

Da kundin ya fito ta kawo mini, sai na ga abu biyu da suka sosa mini rai, kuma ban ɗora laifin a kanta ba, domin abin da aka koya mata ta yi. Na farko, an gyara wa tsofaffin Hausa. Inda suka ce munka an rubuta muka, wanga ya koma wannan, shina ya koma yana, ɗiya ta koma 'ya, hwari ya koma fari. Wanda ya taɓa riƙe taɓarya ya san gaɓar farko ta munka mai nauyi ce, a kanta dukan yake sauka. In an sauƙaƙa ta, an raba waƙar da turminta. Ba mai yi wa Narambaɗa wannan gyara, ana barin Hausarsa yadda ya furta ta, har a yi ta sharhi a kan daɗinta, to me ya sa ta tsohuwar ƙauye ta zama kuskure? Na biyu, a ƙarshen kundin an jera sunan mai gari da sarautarsa da shekarunsa, su kuwa waɗanda suka yi waƙar an ce wasu tsofaffin mata. Ɗaya daga cikinsu ita ta ƙagi waƙar da aka rubuta, duk ƙauyen an san haka, amma a takarda ta zama waƙar gargajiya marar mai ita. Idan mace ta ce a sakaya sunanta saboda kunya ko gudun fushin miji, wajibi ne a sakaya. Abin da ban yarda da shi ba shi ne a yanke mata hukunci ba a tambaye ta ba.

Wannan hali na kallon mutane daga nesa ba ga mata kaɗai muke nuna shi ba, kuma a nan da kaina zan fara. Na yi shekaru a Zuru ina koyar da 'ya'yan mutanen da muke kira Dakarkari, ban taɓa kiransu da sunan da suke kiran kansu ba, wato Lelna, ban kuma koyi ko gaisuwa da harshensu na C'lela yadda ya kamata ba. Na kalli bikin Uhola kamar yadda ake kallon wasa. Na ji labarin golmo, inda saurayi yake shekara bakwai yana noma a gonar surukansa tare da 'yan ƙungiyarsa kafin a ba shi mata, na yi mamaki na wuce, ban taɓa zama da uwar wata ɗalibata na tambaye ta yadda yarinya take ganin waɗannan shekaru bakwai, ko abin da mata suke rerawa a kansu ba. Su ne kuma matan da aka sani da ginin tukwanen da ake ɗorawa a kan kaburbura, waɗanda yau ake nunawa a gidajen tarihi na ƙasashen waje. Haka Gungawa na Yawuri, masu kiran kansu Reshe, waɗanda ruwan madatsar Kainji ya tasa daga tsibiransu a wajajen 1968. Abin da muke zargin Bature da shi, na laƙaba wa mutane suna da bayyana su ba da bakinsu ba, mu ma mun yi wa maƙwabtanmu. Ko a Argungu, inda bikin kamun kifi ya samo asali daga ziyarar Sarkin Musulmi Hassan ɗan Mu'azu a 1934, har UNESCO ta sa shi cikin jerin al'adun duniya a 2016, bayanin hukumar ya ambaci cewa mata suna ƙarfafa masu gasa da waƙa da rawa. Amma duk shekarar da aka yi bikin, nauyin kifi da sunan wanda ya kama shi a kogin Matan Fada ake bugawa, matan kuwa hotonsu kawai ake ɗauka.

Na san akwai masu cewa, a jiha irin Zamfara da ta fara aiki da shari'ar Musulunci a 2000, me za a yi da tone-tonen waƙoƙin da wasunsu suke da batsa, wasu kuma suke da warin bori? Tambaya ce mai kyau, kuma ba na musun cewa akwai irin waɗannan. Sai dai rubuta abu daban, aikata shi daban, kuma magabatanmu ba su ji tsoron sanin halin da mata suke ciki ba. Malam Abdullahi na Gwandu ya ba da labari a Tazyinul Waraƙat cewa sun yi kimanin shekara biyar tare da Shehu a ƙasar Zamfara suna wa'azi, kuma da wani malami ya soki yadda mata suke halartar majalisin, Shehu ya sa shi ya mayar da amsa a waƙe, cewa barin mata cikin jahilci ya fi muni. Nana Asma'u, wadda ta rasu a 1864, da ta tashi karantar da matan karkara, waƙa ta yi musu da Hausa da Fulatanci, ta naɗa jajis, wato mata malamai masu yawon karantarwa, suna kai ta ƙauyuka ga 'yan taru, wato matan da suke ɗaukar karatun, domin ta san da waƙa mace take riƙe abu. Wadda ta yi wannan dabara ta saurari matan ƙauye da kyau kafin ta yi musu magana. Galibin abin da nake kira a ɗauka ma ba shi da haɗi da bori: uwa ce take lallashin ɗanta, amarya ce take kukan rabuwa da gida.

Abin da ya sa na ce a hanzarta shi ne waɗannan waƙoƙi a jikin aiki suke rayuwa, aikin kuwa yana ƙarewa. Injin niƙa ya kashe dutse, siminti ya kashe daɓe, a biki kuma an koma ɗauko mai na'ura da lasifika. Ban yi baƙin cikin injin ba ko kaɗan. Duk wadda ta san kantar da dutsen niƙa yake bari a gwiwa da tafin hannu ba za ta yi fatan 'yarta ta gāje shi ba. Wannan sauyi a hankali yake tafiya, da shi kaɗai ne da an sami lokaci. Abin da ya zo da gaggawa shi ne ta'addancin 'yan bindiga, wanda ya fi shekara goma yana watsa ƙauyuka a Maradun da Zurmi da Anka da Maru da Shinkafi, har ya tsallaka Danko-Wasagu da Sakaba a Kebbi. Garin da ake kwana da kunne ɗaya ba a gaɗa a dandalinsa. Matan da suka yi shekara arba'in suna amsa wa juna a turmi ɗaya, yau wata tana Gusau, wata tana Talata Mafara, wata tana kabari.

Saboda haka roƙona ga shugabannin sassan Hausa da na nazarin zamantakewa shi ne su tura ɗalibai mata, 'yan asalin yankin da suke jin karin harshen, su je su zauna kwanaki tare da waɗannan tsofaffi, ba yini ɗaya ba. Ba sai an shiga daji an jefa rai cikin haɗari ba, domin masu waƙoƙin suna nan cikin gari, a kangwaye da gidajen 'yan uwa. A ɗauki murya, a rubuta yadda aka furta, a rubuta lokacin da ake yin waƙar da wanda ake nufi da ita, a nemi izinin mai ita da na mijinta in da hali, a kuma tambaye ta ko tana so a sa sunanta. A ajiye sautin a ɗakin karatu inda wani zai iya zuwa ya saurara, kada ya tsaya a wayar ɗaliba har ranar da wayar za ta faɗa ruwa. A kuma mayar wa matan da kwafi, tare da ɗan abin hasafi, tunda ko makaɗin fada ba ya waƙa a banza. Hukumomin raya al'adu na jihohin biyu, waɗanda suke samun kuɗin shirya bukukuwa, ba za su rasa abin sayen 'yan na'urorin ɗaukar magana da kuɗin mota ba.

Gwaggon nan tawa tana raye, ta haura tamanin. Bara waccan aka tashe su daga ƙauye, ta iso Gusau da ƙullin kaya ɗaya, yanzu tana wurina. Na sha zama kusa da ita da waya in ce, “Gwaggo, ki yi mini ta turamen nan,” sai ta ce, “Ɗiyata, na mance, waɗanga abubuwa sun wuce.” Na ɗauka tsufa ne. Wata rana wutar lantarki ta ɗauke kwana biyu, injin unguwa bai tashi ba, na aro turmi a maƙwabta, ni da jikata muka fara surfe. Gwaggo tana kallonmu daga bakin ƙofa, can ta ce ba haka ake riƙe taɓarya ba, ta taso da kyar ta karɓa. Duka uku ta yi, na huɗun da waƙa ya sauko, baiti na bin baiti, har da waɗanda ban taɓa ji ba, tana yi tana harararmu don ba mu iya amshi ba. Jikata ce ta yi wayon danna waya. Hannunta bai jure fiye da minti biyar ba, amma tun daga ranar, duk lokacin da muka sa turmi a tsakar gida ta zauna kusa tana ba da waƙa, kuma zuwa yanzu mun ɗauki goma sha ɗaya. Na tambaye ta ko ta yarda a sa sunanta, ta ce a sa, har da na uwarta da ta koya mata. Duk malama ko ɗalibar da take son ta saurara, ko ta zo ta zauna da ita, tana iya nemana ta hannun Edita. Sai dai ta zo da hantsi, kuma ta zo da shirin riƙe taɓarya.

Wassalam.

Taku mai karatu a kullum,
Malamar makaranta mai ritaya,
Gusau, Jihar Zamfara.